Aron da Lawali Bai Maido Ba

Mutanen wasu garuruwa in za su ba da labarin kakarsu sai su ce sanyi ne yake tara su a bakin wuta. Mu kam kalwa ce take tara mu. Kakata Hajara, wadda muke kira Inno, daddawa take yi a Ƙofar Rini, kuma duk wanda ya san daddawa ya san kalwa ba ta dahuwa da gaggawa. Tun la'asar ake ɗora tukunya, a yi ta tura itace ana ƙara ruwa. Inno ta gane in tana son masu tura mata itace, to sai ta biya su da baki. Saboda haka da an sallame isha'i sai mu kewaye murhu, mu jikokinta, hayaƙi na cin idonmu, zufa na bin bayanmu, ita kuma tana kan kujerarta 'yar tsugune da muciya a hannu, wadda take juya kalwa da ita, take kuma gyara mana zama da ita.

Inno ba ta fara tatsuniya yadda sauran tsofaffin unguwa suke farawa. Sai ta yi gyaran murya ta ce, "Ga ta nan, amma aro ce."

Mu kuma dole mu amsa, "Wa ya ara maki, Inno?"

Sai ta jero su. "Na aro ta ga Goggo Nana mai kaɗi ta Dundaye. Goggo Nana ta aro ga Tabawa makauniya, wadda ta taho daga Gobir da ƙafa. Tabawa ta aro ga wata mata da sunka kwana zaure guda, ba ta tambayi sunanta ba, kuma har ta mutu tana cizon yatsa."

In labari ya ƙare kuma ta ce, "Na maida aro. Allah shi jiƙan masu ita." Mu ce amin.

Na taɓa tambayarta dalili. Ta ce tun tana yarinya take jin malamai a zaure, ba mai buɗe littafi sai ya faɗi wanda ya karantar da shi, da wanda ya karantar da wancan. "Su gaskiya suka ara, mu ƙarya," in ji ta. "Amma ko ƙarya tana da mai ita."

Cikinmu wanda wannan jeri ya fi ƙona wa rai shi ne Lawali, ɗan goggona, taubashina, wanda ya girme ni da shekara guda. Shi kaɗai aka sa boko a cikinmu. Yaro ne mai kai, mai ɗan karen rashin haƙuri.

"Inno, don Allah tsallake matattun ga ki ba mu labari," haka yake cewa.

Muciya ta sauka a gwiwarsa. "Matattun ga su anka ci tuwonsu kahin a haifi uwarka. Tura icce."

Ni kuwa in kwashe da dariya in ce, "Bawan gidanmu ya sha kashi." Ya ce, "Kulu mai bakin reza, wa zai aure ki?" Haka muka tashi, kullum faɗa, kullum kwano ɗaya.

Tatsuniyar da muka fi roƙo ita ce ta rijiya. Wai a wani gari aka yi fari har tsuntsaye suka daina sauka. Wata tsohuwa mai suna Dela ta lura da inda tururuwa ke fitowa da danyar ƙasa a baki. Ta ɗauki guntun taɓarya ta yi ta tono, kwana da kwanaki, har farcenta suka zube, har ruwa ya ɓulɓulo. Gajiya ta kwantar da ita. Tana kwance sai ga wani mai dogon rawani ya zo ya tarar da ruwa. Ya gina wa rijiyar baki, ya kafa gwafa, ya rataya guga, ya shiga gari yana shela wai ya haƙa wa jama'a rijiya. Kowa ya ja ruwa sai ya sa masa albarka da sunansa. Ashe rijiya na ji. Duk sanda aka ambaci sunansa a bakinta sai ruwan ya ja da baya kamu guda. Aka ƙara igiya, aka sake ƙarawa, har guga ya fara dawowa da laka. Sai wata mata mai masifa, wadda duk gari ke gudun bakinta, ta zo ta leƙa ta ce, "Kai jama'a, ku ji tsoron Allah! Wanga ramin Dela ce ta tona shi, ni na ga hannunta!" Tana rufe baki ruwa ya taso har ya jiƙa mata zane.

Inno takan dube ni a nan ta ce, "Kun gani, mai kaihin baki ma tana da ranarta." Sannan ta maida aro.

Inno ta rasu ina goyon ɗana na biyu. Na gaji tukunyarta, na gaji muciyar, na kuma gaji abin da ban san gado ba ne, wato duk tatsuniyoyinta suna kaina daram, kowace da jerin masu ita. Dama aure ya riga ya kai ni Unguwar Rogo. Lawali kuwa ya yi makarantar horon malamai, ya ɗan koyar a firamare, ya fara rubuta wa rediyo gajerun wasanni. Sai zamani ya juya. Soja na mulki, kuɗin mai suka ɓarke, wanda jiya ke kan jaki yau yana kan babur. Aka buɗe gidan talbijin a garinmu, aka kafa akwatin kallo a unguwanni don waɗanda ba su da shi a gida. Aka ɗauki Lawali marubucin wasan kwaikwayo.

Wata rana da hantsi ina shanya kalwa sai na ji babur a ƙofar gida. Ga Lawali da wando mai faɗin ƙafa, da rikoda rataye a kafaɗa.

"Uwar ɗakina," in ji shi.

Na ce, "Yau kuma? Bawa in ya tuna da uwar ɗakinsa, to wuya ce ta kai shi bango. Mi kaka so?"

Ya zauna a kan turmi ya faɗa mini gaskiya, ko abin da ya yi kama da ita. An ba shi rabin awa duk daren Alhamis. Ya rubuta wasa huɗu, kansa ya ƙafe. Abin da ya koya a littattafan Turawa ba ya sa mutanen Sakkwato dariya. Na Inno kuma ya manta rabinsu, kai da wutsiya kawai yake tunawa.

"Da ka tsaya ka saurara maimakon ƙorafi," na ce.

"Kulu, ki taimake ni. Ke ce taskar."

Na ce na yarda, amma da sharaɗi guda. Aro ne. Duk wadda na ba shi sai ya faɗi masu ita, kamar yadda Inno ke yi.

Ya ce wannan ai mai sauƙi ne. A talbijin in wasa ya ƙare ana jera sunayen duk waɗanda suka sa hannu, a rubuce, duk gari na gani. "Inno za ta hau akwatin gwamnati, Kulu. Da ita, da Goggo Nana, da makauniyar, har da ke." Ya dafa ƙirji ya ce, "Tsakanina da Allah."

Shekara uku muna haka. Duk Asabar ya zo ya danna rikoda, ni kuma in fara, ga ta nan amma aro ce, in jero sunaye, in ba da labari, in maida aro. Ba zan ci haƙƙinsa ba, Lawali ya iya aikinsa. Na ga yadda yake yi. Zai saurari kaset ya rubuta a takarda, ya tsaga labari gida uku, ya san daidai inda zai yanke don mutane su kwana da ƙaiƙayi. Tururuwa ba ta hawa talbijin, sai ya mai da ita yarinya mai tallar nono da ta ga danshi. Yana buga keken rubutu da yatsa biyu kamar kaza na tsattsagar gero. Rabin 'yan wasansa ba su karatu, sai ya zauna ya karanta musu har su haddace. Kuma kafin a nuna komai sai wani jami'i ya duba takardun, kada a ce an zagi masu mulki. Shi ya sa a wasan rijiya ya cire wa mutumin dogon rawani ya sa masa hular ɗan kasuwa, don kada wani babba ya tsargu. Na yi masa tsiya a kan wannan, ya ce, "Ke ba ki san bariki ba."

Daren da aka nuna wasan rijiya shi da kansa ya zo ya tafi da ni wurin akwatin unguwarmu, da iznin maigidana. Mutane maƙil, maza a gaba, mu mata a gefe. Da mai masifar nan ta leƙa rijiya ta yi ihu, wurin ya kaure da sowa. Aka ƙare, sai farin rubutu ya fara hawa daga ƙasa zuwa sama. Na ce, "Lawali, ina Inno?"

Ya ratsa mutane ya je ya ɗora yatsa a kan gilashin. "Ga ta nan. Layi na uku kahin ƙarshe. Ku duka kuna ciki."

Na ƙura wa layin ido. Dogo ne, farkonsa wani baƙi mai lanƙwasa kamar lauje. Na haddace shi yadda ake haddace fuskar mutum. Na yi kuka a wurin, ban ji kunyar kowa ba. Tun daga ranar, duk Alhamis ni ce ba na tashi sai rubutu ya gama hawa. In laujen nan ya ɓullo in daka wa ta kusa da ni gwiwa in ce, "Ga kakata nan, Hajara mai daddawa!" Har mata suka riƙa taya ni. In ya fito sai su ce, "Kulu, ga Inno!" mu ce Allah shi jiƙanta. Ba mai karatun boko a cikinmu. Mazan da ke karantawa kuwa sun riga sun watse tun kafin rubutu ya fara.

Daga nan Lawali ya yi sama. Aka tura shi kwas Kaduna, aka kira shi Legas, ya tsallaka har ƙasar waje ya koyo rubutun fim. Asabar ɗinmu ta mutu. Ban yi fushi ba. Na ce ai ya cika alkawari.

Ni ban shiga aji ba sai da na aurar da 'yata ta fari, maigidana kuma ya rasu. Abin da ya kai ni, wata ma'aikaciya ce a asibiti ta kama babban yatsana ta dangwala a tawada kamar tana kama ƙafar akuya, ba ta ko dube ni ba. Na fito na ce wallahi an yi na ƙarshe. Na shiga ajin yaƙi da jahilci na matan aure, ina zaune da sa'o'in 'yata, ina kiran baƙaƙe da ƙarfi har malama na cewa in rage murya.

A lokacin kuɗin mai sun janye, wasu sojojin ne kuma a sama, komai ya yi tsada. Gidan talbijin ba su da abin yin sabon wasa, sai suka riƙa maimaita tsofaffi. Da na ji za a sake nuna na Lawali, na yi murna irin ta yaro da sabon takalmi. Na ce yau zan karanta sunan Inno da idona.

Rubutun talbijin ba ya jiran ɗan koyo. Kafin in haɗa baƙi uku ya wuce. Alhamis ta farko layi ɗaya na kama, na can sama, mai manyan baƙaƙe: Labari da tsarawa, Lawali. Na ce to, ai shi ya tsara. Alhamis ta biyu na kama mai ɗaukar hoto, da mai fitila, da mai kwalliya, har da direba. Na ce madalla, kowa da haƙƙinsa. Ta uku na bar komai ya wuce, na jira laujena. Na riga na san baƙin, malama ta koya mana shi. Sai dai tun a aji wani abu ke sukata, domin Hajara ba da shi take farawa ba. Na ce wataƙila Goggo Nana aka fara sawa.

Ya ɓullo. Na bi shi da leɓe. Godiya. Ga. Mai. Girma. Gwamna.

Matar da ke kusa da ni, tsohuwar maƙwabciyata, ta dafa ni ta ce, "Kulu, ga Inno! Allah shi jiƙanta."

Shekara nawa ina tara matan Unguwar Rogo muna yi wa gwamnan soja addu'ar mamaci.

Na ba Lawali uzuri har mako biyu. Na sake zuwa, na sake karantawa, ko akwai wani layi da ya kuɓuce mini. Babu Hajara, babu Nana, babu Tabawa. Kulu kuwa dama ban damu da ita ba.

Lawali ya dawo Sakkwato lokacin, yana zaune a unguwar manyan ma'aikata, gida mai furanni da maigadi. Na je da safe, ban ko sauya zanen aikina ba, ina warin daddawa. Na same shi a falo da tulin takardu, ya yi tumbi, ya sa tabarau.

"A'a, uwar ɗakina! Yau da wace rana?"

Na ce, "Ba ni takarda da alƙalami."

Ya miƙo yana dariya. Na durƙusa a kan teburinsa na rubuta Hajara, a karkace, amma ana ganewa. Na tura masa.

"Karanta."

Dariyar ta tsaya. "Yaushe kinka shiga makaranta?"

"Nuna mani wannan ga akwatinka."

Ya cire tabarau ya goge. Ya fara da cewa tatsuniya ai ta kowa ce, ba ta da uba. Na ce tana da uwa, kuma ka ci tuwonta. Ya ce wurin sunaye ƙarami ne. Na ce direba ya samu wuri. Ya ce ni ban san yadda aikin yake ba, shi ya zauna ya mai da hira ta zama wasa, da ba don shi ba da duk sun ruɓe a kaina. Na ce gaskiya ne, kuma ban ce a cire sunanka ba, ko mai rawani da ya gina bakin rijiya ai aiki ya yi. Cewa na yi ina na wadda ta tona.

Sai ya sauke murya. "Kulu, ran da anka ɗauke ni aiki na ce masu daga kaina nika hiddo su. In na koma na ce na tsohuwa mai daddawa ne, sai su ce ashe ba marubuci ba ne, mai riƙon rikoda ne. Da wani sunka ba kujerar. Kin san yawan masu jira?"

Wannan na fahimta. Tsoro ne, kuma na san tsoro. Da a nan ya tsaya da wataƙila mun shirya.

Na ce, "To don mi ka ɗora yatsa ka ce ga ta nan?"

Ya dube ni, har da ɗan murmushin nan na taubasai, kamar wasa muke yi a bakin murhu. "Don ki yi shiru mana. Na san bakinki. Kuma wa ya san za ki yi karatu?"

Wa ya san za ki yi karatu. Na sha zagi a duniya, na kuma rama, amma wannan ce kaɗai ta taɓa rufe mini baki. Wato ya auna jahilcina ya ga zai ɗauki nauyin ƙaryarsa har in mutu, ya jingina a kansa kamar bango.

Na tambaye shi kaset-kaset ɗina. Ya ce an daɗe da ɗora wasu abubuwa a kansu, lokacin da kaset ya yi wuya. Na ɗauki takardar da na rubuta Hajara na fito. Matarsa ta biyo ni da lemo, ban waiwaya ba.

Yanzu zan faɗi abin da masu irin wannan labari ba su son faɗi. Rijiyar Lawali ba ta ƙafe ba. Ya ci gaba da rubutu, ya yi fina-finai, an ba shi lambar yabo, an yi hira da shi a rediyo na ji da kunnena yana cewa tun yana yaro Allah ya ba shi baiwar ƙago labari. Muna haɗuwa a suna da jana'iza, ya ce uwar ɗakina, in ce sannu Alhaji. Tun ranar ban sake ce masa bawan gidanmu ba, kuma ya san abin da hakan ke nufi.

Na daɗe ina jin haushin Inno ma. Ina cewa a raina, tsohuwa kin yaudare mu, ruwa ba ya jin sunan kowa, wanda ya riƙe guga shi ke sha. Sai wata rana ina juya kalwa, jikokina sun kewaye ni, na ba su labarin rijiya, na zo daidai wurin mai masifa, sai na tsaya da muciya a hannu. Shekara da shekaru ina kallon ruwan, ashe ba nan labarin yake ba. Dela na kwance, rijiya ba ta da baki, duk gari na sha suna shiru. Da matar nan ta tsaya jiran ruwa ya yi hukunci da kansa, da har yau ana ƙara igiya. Sai da wani ya buɗe baki a gaban jama'a. Kuma Inno ba Lawali take duba ba in ta zo wurin. Ni take duba.

Na kuma ga nawa laifin. Kayan aro aka bar mini, na ara wa wani ba tare da na iya duba ko ya maido ba.

Shi ya sa na zauna na rubuta wannan da hannuna, hannun da aka taɓa dangwalawa a tawada. Duk wanda ya kalli wasannin daren Alhamis a wancan zamani, ya yi dariya ko ya share hawaye, to ya sani: Lawali ne ya tsara su, kuma ya iya. Ya aro su ga Kulu ta Unguwar Rogo, bai maido ba. Kulu ta aro ga Hajara mai daddawa ta Ƙofar Rini. Hajara ta aro ga Goggo Nana mai kaɗi ta Dundaye. Goggo Nana ta aro ga Tabawa makauniya, wadda ta taho daga Gobir da ƙafa. Tabawa ta aro ga wata mata da suka kwana zaure guda, wadda ba a tambayi sunanta ba.

Inno, ya daɗe a hannun mutane, amma ga shi. Na maida aro.